Waken Fidda Dattawa

Kaka ce, amma kakar da ba ta zo da komai ba. Damina ta yi alkawari ta saɓa. Hadari ya haɗu ya yi ta ruri, iska ta kwashe shi, gero ya tsaya iya gwiwa ya bushe a tsaye. Mu a Yamai ba gona gare mu ba, a fuskar mutane muka ga farin, don kullum sai kamiyo, babbar motar kaya, ya sauke baƙi a tasha da tabarmi da tukwane, babu ko tiya ɗaya ta hatsi. Sojoji ke riƙe da ƙasa a lokacin, su ke raba jar dawar taimako, wadda in tuwonta ya huce sai ka yi da gaske kafin ka gutsura. Duk da haka in na tuna shekarar nan dariya ke fara zo mini, saboda surukata.

Muna zaune a unguwar Yantala, ɗaki biyu a gidan haya. Maigidana direba ne a wani biro, wato ofis, ni kuwa ina gida da yara, da la'asar in tafi karatun manya. Mu masu bin Almasihu ne, daga wani ƙauye na ƙasar Gobir can wajen Maraɗi. Da labari ya zo cewa rijiyar garinmu ta ƙafe, rumbuna sun koma wofi, maigidana ya nemi izini a wurin aiki ya tafi ya ɗauko mahaifiyarsa. Inna muke ce mata. Ta sauko daga mota da tabarma, da ƙullin zannuwa, da littafin waƙoƙi wanda ba ta iya karantawa amma ta haddace shi bango zuwa bango, da wata gora da ta rungume kamar jinjiri. An toshe bakin gorar da laka. Irin wake ne a ciki, gauraye da toka, jikan jikan irin da marigayi mijinta ya soma shukawa tun suna amarci.

Na miƙa hannu zan karɓa, ta ja da baya.

"Nuna mini inda ɓera bai kai, in aje da kaina," in ji ta. "Ni baƙuwa ce, ɗiyata. Wanga shi zai maishe ni gida."

Mun ɗauka maganar gajiyar hanya ce. Ashe da gaske take. Ta ci abincinmu, ta yi wasa da jikokinta, ta riƙa kiran ƙaramin "mijina" tana ce masa rago ne tunda bai kawo mata goro ba, amma ƙullin zannuwanta ba ta taɓa kwance shi duka ba. Sai ta zaro ɗaya ta ɗaura, ta sake ƙullewa. A garinmu kuwa waɗanda suka rage ganye suke dafawa da dussa. In tsohuwa mai shekarun Inna ta koma can a shekarar nan, kowa ya san inda abin zai ƙare, ko ba a faɗa ba. Maigidana ya rame saboda tunani.

Ba tuwon jar dawa ne ya dame ta ba, ba kuma Zabarmancin da ba ta ji ba. Majami'armu ce ba ta yi mata ba. Gaskiya ba majami'a ba ce sosai. Rumfar zana ce a tsakar gidan wani malamin lakwal, wato makarantar boko, da muke kira Mushe. Ran Lahadi maƙwabtansa, teloli Musulmi daga Damagaram da Tawa, su ara mana benci, mu yi waƙa mu yi addu'a, Mushe ya karanta Littafi Mai Tsarki, mu mayar da benci. Ba mu da dattawa. Fasto sai jefi-jefi yake zuwa daga gabas, Jibin Ubangiji kuwa sai mu daɗe ba mu ci ba.

Lahadin farko da muka dawo, Inna ta zauna a kan tabarma ta miƙe ƙafafu.

"Wagga ba ikilisiya ba ce, zaman jiran mota ne," in ji ta. "Ba dattijo, ba gona, ba ƙararrawa, sai mutum ya duba montur ya ga lokaci ya yi ya ce a fara. In na mutu nan wa zai tsaya kaina? Mai alli?"

"Haba Inna, wa ke maganar mutuwa?" in ji ɗanta.

"Ni ke yi. Kai je ka tuƙa motarka."

Da hantsi, in muna tsintar tsakuwa daga cikin dawa, takan ba ni labarin yadda abin ya faro. Tana ƴar budurwa Anasaran mishan suka zo daga kudu, suka kafa rumfar magani, suna wanke gyambo suna sa maganin ido. Daga baya suka buɗe aji, aka soma karanta Littafi da Hausa. Tana cikin na fari da aka yi wa baftisma a garin, ita da wanda ya zama mijinta. Abin da ya fi ba mutane mamaki shi ne da Anasaran suka ce wannan ikilisiya ba ta da sarki. Ba mutum ɗaya ke riƙe ta ba, dattawa ne, jama'a ke fidda su da kansu, kuma fasto ma ɗaya ne daga cikinsu. Kowane gari dattawansa su tafi majalisar yanki, yankuna kuma su haɗu a babban taro sau ɗaya a shekara. Bayan an sami mulkin kai, Anasaran suka miƙa wa majalisar komai, har makullan ɗakin magani, suka koma baya suka zauna a benci kamar kowa.

"To yaya aka yi kuka fidda dattawan fari?" na tambaye ta wata rana.

Ta yi dariya har ta ajiye faifai.

"Anasara ya ce duk wanda ke son wane ya ɗaga hannu. Aka kira na fari, kowa ya ɗaga. Aka kira na biyu, kowa ya ɗaga. Wa zai bar hannu ƙasa surukinsa na kallonsa? Wani ma hannu biyu ya ɗaga. Anasara ya cire tabarau ya goge ya mayar. Sai ya ce to kowa ya zo ya raɗa masa a kunne. Ashe kunnensa ɗaya ba ya ji. Ka raɗa masa, shi kuma ya maimaita da ƙarfi, 'Wane ka ce?' Kafin azahar gari ya ɗauki zafi, har akwai wadda ta yi yaji."

Daga nan ne aka fito da dabarar wake. Kowane mutumin da ake so ya zama dattijo a ajiye masa ƙwarya a cikin ɗaki, a rufe da faifai mai ƴar huda. Kowane mai bi a ba shi wake cikin ƙaramin ludayi, ya shiga shi kaɗai ya zuba. Yana da damar rabawa. Ya sa wa surukinsa ƴan ƙwayoyi, ya juye sauran ga wanda zuciyarsa ta kwanta da shi, in an tambaye shi ya ce "na zuba maka" kuma bai yi ƙarya ba. Ba a ƙirga waken. Dattawa biyu daga wani gari su shiga su duba ƙoren da suka fi cika, su fito su faɗi sunaye. Sai a juye duka a masaki ɗaya a gauraye, a shuka a gonar ikilisiya, don kada wani ya san ƙwayar da ta so shi da wadda ta ƙi shi. Abin da aka girbe a ci tare.

Ana cikin haka saƙo ya zo cewa majalisa za ta aiko dattawa biyu su kafa mu ikilisiya mai cin gashin kanta, mu fidda dattawanmu. Za su biyo wani kamiyo da ke zuwa ɗaukar hatsin taimako, su kwana biyu, su koma da shi. Murna ta cika mu. Inna ma ta yi murna, amma tata daban ce.

"Madalla, mota ta samu," in ji ta. "Da su zan koma."

Maigidana ya ajiye lomar da ke hannunsa.

Zamanin soja ba a taro sai da izini. Mushe ya yi ta zirga-zirga a kan ɗan babur ɗinsa mobilet har aka ba shi, amma da sharaɗi: ku yi ibadarku, ku fidda shugabannin addininku, banda takardar ƙuri'a, banda akwati, banda jawabin neman goyon baya, kuma za a turo soja ya zauna. Shi Mushe da takardu ya yi niyyar a yi, har ya yayyanke su. Da ya ga ba hali, da kansa ya zo gidanmu ya durƙusa ya gai da Inna, ya ce ta faɗa masa yadda ake yi da wake, don shi tun yana yaro aka kai shi lakwal, bai taɓa gani ba. Ta faɗa masa tiryan-tiryan, tana jin daɗi.

Saura wake. Wanda ke kasuwa a shekarar duk ƙwari sun huda shi, an ajiye shi tun bara waccan. Na sayo kaɗan na sa a tsumma mai laima na rufe, na yi ta dubawa, ko ɗaya bai tsaga ba, sai wari da ya yi. Jar dawar taimako ma na gwada, ita ma shiru. Kowa a gidanmu ya san inda irin kirki yake, yana rataye a kusurwar ɗaki sama da tabarmar Inna. Maigidana ba ya iya kewaye-kewaye, ya tafi kai tsaye ya roƙe ta.

"Irin ubanka ne," in ji ta. "In ba ku ku shuka a ina? Bisa kwalta?"

Ya fito yana share zufa. Ba ni da bakin roƙon surukata abin da ta hana ɗanta. Amma na ji maganar tata da kyau. Ba ta ce ba za ta bayar ba. Wurin shuka ta tambaya.

A ƙasan unguwarmu, bakin kogi, akwai lambuna. A shekarar hukuma na ta kiran mutane su yi noman rani, kowa ya rungumi gwangwanin ban ruwa. Akwai wani tsoho Bazabarme mai lambu wanda nake sayen zogale da salati wurinsa. Na je na same shi yana gyaran fangalin shuka, na ce masa fofo irin gaisuwarsu, muka gaisa da ƴar Hausarsa da ɗan Zabarmancina. Na gaya masa abin da ya kawo ni, ban ɓoye komai ba, har da cewa na majami'a ne. Ya sosa gemu, sannan ya nuna mini wani gefe kusa da shinge inda ciyawa ta cinye.

"Ƙarfina bai kai can ba," in ji shi. "In kun share, ku shuka. In ya yi, ku ba ni harawa don tumakina."

Washegari na ce wa Inna ta raka ni sayen ganye, wai ban iya zaɓen zogale mai kyau ba. Ta ce dama ta lura. Muka gangara a hankali. Tun zuwanta ba ta taɓa ganin kogin ba. Ya janye ƙwarai a shekarar, yashi ya fito a tsakiya, daga can nesa wajen unguwar Gaweye ana hango ƙafafun gada tsirara. Amma ga wadda ta baro rijiya busasshiya, ruwa ne mai yawa. Ta tsaya ta riƙe haɓa.

"Duk wanga ruwa, kuma ku ce ana fari?"

Na bi da ita ta wajen shingen. Ta duƙa ba tare da na ce komai ba, ta ɗebi ƙasa ta murza, ta shinshina, ta ɗan taɓa a harshe.

"Ta wa ce?"

"Mai lambu ya ce ya ba majami'a aro, Inna."

Ta dube ni ta gefen ido, ta daɗe tana dubana.

"Ke, shiru-shirun nan naki ba na banza ba ne," in ji ta. Ta kakkaɓe hannu. "Ƙasa dai ta yi. Allah ya ba masu shuka sa'a. Mu je, zogalen ya isa."

Ba ta ƙara tada maganar ba. Ran Asabar kamiyo ya iso da baƙi. Ɗayan dattawan sa'an Inna ne, daga garin da ke maƙwabtaka da namu, mutum dogo mai sanda, muna ce masa Baba. Tun suna yara suka san juna, kuma tun suna yara ba su taɓa yarda da magana ɗaya ba. Ta tambaye shi labarin gida. Ya ce mata gida babu, sai bango da tsofaffi uku-huɗu da suka ƙi tashi. Ta ce to za su ƙaru. Da yamma ta ƙulle kayanta tamau, ta naɗe tabarma ta jingine a bakin ƙofa, ta ce wa direban kamiyon ya tanadar mata wuri a gaba, don ita ba buhu ba ce. Ranar Litinin da sassafe za su tashi. Maigidana ya dube ni, na dube shi.

Ran Lahadi rumfar Mushe ta cika har waje. Teloli sun ara mana benci duka, wasunsu ma suka tsaya a bakin zaure suna kallo. An share ɗakin girkin matar Mushe an jera ƙore. Mutum huɗu aka sa gaba: Mushe, da wani ma'aikacin asibiti, da wani tela mai bi, da maigidana. Saboda waɗanda ba su iya karatu ba, aka ɗora wa kowace ƙwarya alama. Ta Mushe guntun alli, ta ma'aikacin asibiti bandeji, ta tela zare, ta maigidana kuwa guntun robar taya.

Sojan da aka turo ya zo da hularsa a karkace, saurayi ne siriri, ya zauna a kujera a gefe yana haɗe fuska. Inna ta bi ta gabansa, ta ji ya amsa gaisuwar wani da Zabarmanci, shi kuma ya ga tsagar Gobir a kumatunta. Gobirawa da Zabarmawa abokan wasa ne, ba a jin haushin juna.

"Af, ashe bawana aka aiko ya tsare ni," in ji ta. "Tashi ka ba uwargijiyarka kujera."

Kowa ya zuba wa sojan ido. Sojan ya yi ƙoƙarin riƙe fuska, abin ya gagara.

"Kaka, yunwa ta koro ki ƙasarmu, kuma har da baki?"

"Na zo duba dukiyata ne. Na ga kun bar kogi yana ƙafewa, ragwaye."

Ya tashi yana dariya ya ba ta kujerar, ya koma benci. Sannan ya tambayi Baba ko wannan abin da za a yi na siyasa ne. Baba ya ce masa mutane za a fidda waɗanda za su riƙa duba marasa lafiya, su sasanta miji da mata, su tsaya kan gawa, albashinsu kuwa gajiya. Sojan ya ce in haka ne Allah ya ba su haƙuri.

Bayan waƙa da addu'a, Baba ya miƙe ya ba da tarihi, tun daga rumfar magani har ranar miƙa makullai. Da ya zo kan wake sai ya ce mahaifinsa ne ya kawo dabarar.

"Ƙarya kake," in ji Inna daga kujerar soja. "Gwaggona ce ta kawo ta, tana sheƙar wake a bakin rumfa. Ubanka shi ne mai ɗaga hannu biyu."

"Ke a lokacin ina hankalinki?"

"Yana inda naka bai kai ba."

Jama'a suka kwashe da dariya, har telolin da ke zaure. Ɗayan dattijon ya ce majalisa za ta duba wannan magana a babban taro, aka ƙara wata dariyar.

Sai lokaci ya yi. Mushe ya shiga ɗaki ya fito da kwano, yana tafe kamar wanda aka aika kai saƙon rasuwa. Ya ajiye a gaban Baba. Tsakuwa ce, ya wanke ta tas, ƙanana masu kama da juna. Ya ce sun nema sun rasa irin da zai tsira, wannan ce dabarar da ta rage. Baba ya sa yatsa ya motsa tsakuwar, ya dubi ɗan'uwansa. Ya ce ba a rubuta a ko'ina cewa dole sai wake ba, amma shi tun da yake bai taɓa ganin an kafa ikilisiya da abin da ba ya tsiro ba, kuma bai san abin da zai gaya wa majalisa ba.

Inna ta leƙa kwanon.

"Mushe, mi ne wanga?"

"Tsakuwa ce, Inna."

"Mai haƙuri aka ce yakan dafa dutse. Ban ji an ce yana shuka shi ba." Ta juyo ta neme ni a cikin mata. "Ɗiyata, ƙafarki ta fi tawa. Je ki ɗauko gorar nan. Ki riƙe da hannu biyu."

Ban san na iya sauri haka ba sai ranar. Da na dawo ta karɓa ta ɗora a cinya, ta dube mu ɗaya bayan ɗaya.

"Aro ne," in ji ta. "Kun ji ko? In an gama a maido mini abina, gobe ina da tafiya."

Ta fasa lakar da bakin ludayi. Ta fi kowa sanin cewa in an buɗe gorar iri, ƙwari sun sami ƙofa, ba zai kai wata damina ba. Muka sheƙe tokar a faifai, waken ya fito fari tas, ko huda ɗaya babu. Ta ce ita za ta auna wa kowa, don ba ta yarda da hannun ƴan birni ba. Ta kuma sa sojan ya tsaya a ƙofar ɗakin girki kada mutum biyu su shiga tare.

"Tunda ka zo tsaro, tsare abin kirki."

Ya tsaya kuwa, ya ƙame kamar a gaban babbansa, yana ɗaga labule yana saki. Da layi ya zo kaina na shiga ni kaɗai. Ɗakin na warin hayaƙi da daddawa. Na tsaya gaban ƙoren nan huɗu da ludayina. Na sa wa mai robar taya rabonsa, ba zan faɗi ko nawa ba, har yau bai sani ba. Inna ce ta ƙarshe, kuma abin da ya rage a gindin gorar bai cika ludayi ba sosai. Ta daɗe a ciki har sojan ya ce ko Bagobira ta tsaya cin waken ne.

Dattawan biyu suka shiga suka duba, suka fito. Ma'aikacin asibiti da tela aka fidda. Maigidana ya sauke ajiyar zuciya, don dama tsoro yake ji. Mushe ya riga kowa tashi ya rungume su. Suka durƙusa, aka ɗora musu hannu aka yi addu'a, Baba ya ce daga yau Yamai na da kujera a majalisa. Mata muka yi guɗa, muka ɗauki waƙa, Inna na ja muna amsawa.

Sannan Baba ya juye ƙoren duka a masaki, ya sa hannu ya gauraye. Inna ta miƙa gorarta.

"Zuba mini."

"Ke da kika ce gwaggonki ta kawo al'ada, ke za ki karya ta?" in ji Baba. "Waken fidda dattawa inda aka zuba shi nan ake shuka shi. Ko kin taɓa ganin an kai shi wani gari?"

"Kai dai tun kana yaro mugu ne."

"Sai dai in ba su da gona."

"Suna da ita," in ji Inna, kafin kowa ya buɗe baki. "Na gani. Ƙasa mai kyau." Ta dubi sababbin dattawan sama da ƙasa. "To wa zai shuka? Mai zare ko mai bandeji? Wanga iri ba ya son zurfi, ba ya son ruwa ya kwanta masa. Su kashe mini shi cikin kwana kaɗan."

Maigidana ya sunkuyar da kai yana kallon takalminsa, na ga kafaɗunsa suna motsi, yana danne dariya.

Ta ja tsaki, ta juya wajen Baba.

"Ka ce wa mutanen gida ina nan tafe. Sai na ga ya yi fure. In ya yi fure kuma sai na ga an ɗebe shi, don waɗannan ba su san lokacin ɗiba ba."

"Zan faɗa musu," in ji Baba. "In ce wace shekara?"

"Ka ce musu abin da na ce."

Aka kawo dambun jar dawa da zogale, aka ci a manyan kwanoni, teloli ma aka kai musu nasu. Sojan ya ce yana bakin aiki. Inna ta ce bawa ba ya ƙin abincin uwargijiyarsa, ya zauna ya ci har ya nemi ƙari. Masakin waken kuwa ba ta yarda ya kwana gidan Mushe ba, ni ta ɗora wa a kai, tana biye da ni tana cewa in kula da rami.

Da gari ya waye mun ji ƙarar kamiyo yana barin unguwa. Inna na zaune a bakin ƙofa tana ɗaura kallabi, ba ta ko waiwaya ba. Na shiga ɗaki na warware tabarmarta na shimfiɗa a inda take, na kwance ƙullin zannuwan na jera su a cikin akwatina, ban tambaye ta ba. Gorar da babu komai a ciki na mayar da ita kan ƙusarta. Sannan na aro hauya wurin maƙwabciya, na goya ƙaramin, na ɗauki masakin wake a kai, muka gangara bakin kogi, tana gaba da sandarta tana faɗa mini cewa ban iya riƙon hauya ba.